Ruwan Ƙofar Iya Kubura

Azumin bana bai wahalar da kowa ba, sai mai neman abin faɗa. Ya faɗo cikin ɗan sanyin da Jidda ke samu, ga mukayyif, na'urar sanyi, yana hura ɗaki, ga famfo a kicin ko yaushe ka murɗa ya zubo. Duk da haka jikokina suna kwance a kan kujeru tun azahar suna kukan ƙishirwa. Ni dai kallonsu nake yi in ja carbina, don in na buɗe baki za su ce Sitti, wato kakarsu, ta fara labarin tsohuwar unguwarmu Karantina.

Ranar sha biyu ga wata, bayan la'asar, Samira ta dawo daga shagon tabarau inda take aiki. Ita ce babbar jikata, 'yar ɗana na fari. A nan aka haife ta, Hausarta tana ɗingishi, rabi Larabci ne. Ta zauna kusa da ni ta haɗa wayarta da talabijin.

"Sitti, shufi, zo ki ga wani abu mai kyau. Mutanen Yunan ne, wani tsibiri a tsakiyar bahar. Minti goma bas."

Na ce, "Da azumi a bakina za ki nuna mini Turawa tsirara a bakin ruwa?"

"La wallah, tsofaffi ne irinki."

"Irin uwarki dai."

Fim ɗin na wani tsibirin ƙasar Girka ne, kuma ba a magana a cikinsa. Iska ce kawai ke kaɗawa, sai ƙararrawar wuyan awaki, sai can wani namiji ya ɗan rera wasu kalmomi a hankali da yarensu ya yi shiru. An nuna wani tsoho yana ɗinke ragar kamun kifi. An nuna mata cikin baƙaƙen kaya suna fitar da gurasa daga tanderu. Gidajen farare fat, ƙofofin shuɗɗa, hanyoyin babu kowa sai kyanwa. Na fara jin daɗinsa har na ajiye carbin.

Sai aka nuno wata tsohuwa tana hawa tudu da bokitin farar ƙasa. Ta tsaya a ƙofar wani gida da ke rufe. Ta share dokin ƙofar, ta shafa masa farar ƙasa, ta zuba ruwa a wani gwangwani da aka shuka ɗoɗɗoya a ciki. Da ta gama ta dafa ƙofar da tafin hannu, ta motsa baki kamar mai gaisuwa, ta juya ta tafi. Samira ta karanta mini rubutun da ke ƙasa, wai masu gidan sun shiga jirgi tun da daɗewa ba su dawo ba, ita ce ke kula da ƙofar don kada gidan ya yi kama da matacce.

Na nuna ƙofar da yatsa. Na ce, "Akwai mutum a ɗakin nan."

Samira ta yi dariya. "Ma fi ahad, Sitti. Babu kowa. Sun tafi min zaman, tun tuni."

"Wa ya buɗe ya duba?"

Ta dube ni ta ga ba wasa nake yi ba, sai ta rage sautin. Ni kuwa na riga na bar benenmu na Waziriyya, na koma lungunmu na Karantina, cikin wani azumi da ya wuce shekara arba'in.

Daga Maraɗi muka zo aikin hajji, ni da maigidana da mahaifiyarsa Inna Dije, muka ƙi komawa kamar yadda rabin unguwar suka yi. Ɗakunanmu sandaka ake ce musu, langa-langa ne da katakon akwatunan da ake zubarwa a tashar jirgin ruwa. Babu mai takardar ɗaki, mafi yawanmu ma babu mai iƙama, wato takardar zama a ƙasar. Ɗakinka naka ne muddin ana ganin alamarka a ƙofarsa. Akwai wani dillali da muke kira Mai Jar Hula, aikinsa kenan bin lunguna yana duban ƙofar da ƙura ta kwanta. In ya tabbata mai ɗaki ya yi tafiya ko an kama shi, sai ya ɓalle kwaɗon ya zuba sababbin zuwa. Wa za ka kai wa ƙara, kai da ko sunanka gwamnati ba ta sani ba?

Saboda haka matan lungunmu suka fito da abin da muke kira raya ƙofa. In maƙwabciya ta yi tafiya, sai a saki labulen buhu ya rufe kwaɗon, labulen ya tsaya taƙi ɗaya kafin ƙasa. A ajiye tsofaffin takalma a gefe, a riƙa canza musu zama. Kullum da la'asar a share ƙofar, a yayyafa ruwa ƙura ta kwanta. Abu mafi muhimmanci shi ne gaisuwa. Za ki tsaya ki ɗaga murya ki gaida mai ɗakin, ki ɗan saurara, sannan ki amsa kamar ta ba ki amsa. Ba a leƙawa, ba a taɓa labule, ba a buɗewa, don Mai Jar Hula yana da idanu a kowane lungu, kuma mai leƙen ɗaki ta nuna cewa ba ta san abin da ke ciki ba.

A waccan shekarar ƙofar Iya Kubura aka raya. Tsohuwa ce 'yar Cadi, ba miji ba ɗa, ɗakinta ne na ƙarshe a lungun, bayansa juji. Sana'arta tsintar busasshiyar gurasa a bayan gidajen unguwar Ammariyya, ta shanya ta sayar wa masu awaki, ɗakinta cike da buhuna har rufi. Ita ta karɓi haihuwar baban Samira, ita ta yanke masa cibi, ta yi mini wankan jego kwana arba'in ba ta karɓi ko sabulu ba. 'Yar Maraɗi take ce mini. Ranar biyu ga azumi ta ɗaura ɗan ƙullinta ta ce za ta Makka, a Harami za ta kwana ta tashi har sai an ga watan Sallah. Ta ba Inna mabuɗi, ta dube ni ta ce, "'Yar Maraɗi, kada in dawo in tarar da wasu gardawa a kan tabarmata." Na ce ta tafi abinta, ƙofarta tana hannuna.

Azumin ya faɗo a tsakiyar zafi. Wanda bai yi zafin Jidda a cikin langa-langa ba, ba zan iya kwatanta masa ba. Iskar da ke tasowa daga teku jiƙaƙƙiya ce mai gishiri, gumi ba ya bushewa, zane yana manne maka a jiki tun hantsi. In iska ta juyo daga wajen matatar mai, sai warin ya haɗu da na kwata ya zauna a maƙogwaro. Hankaki ma buɗe baki suke yi a kan rufi, sun kasa kuka.

Ga shi ruwa ya yi wuya. An haƙe babbar hanya ana gyara, motar ruwa da muke kira wayit ta daina shigowa. Sai bazan, famfon unguwa guda ɗaya, shi ma tsiyaya yake yi. Da an sallame asuba nake goya yaron, baban Samira kenan yana jariri, in ɗauki garwa in bi layi. In na yi sa'a kafin rana ta take in dawo da garwa ɗaya, ita ce ta gidan gaba ɗaya. Inna ce ke rabawa, kuma ba ta kuskure. Ta fara ɗebe na sha ta zuba a randa ta rufe, ta ɗebe na kunu da miya, ta ɗebe na alwala a buta uku. Abin da ya rage a wanke yaro, a wanke tsummokaransa a ruwan wankan, a jiƙa buhun da za mu kwanta a kai da ruwan wankin. A ƙarshe ta cika gwangwanin madara ɗaya da ruwa mai kyau ta ajiye a gefe, ta ce, "Na ƙofar Kubura." Na taɓa ce mata me zai hana a yayyafa na wanki. Ta ce ruwan wanki yana barin kumfa, mai ɗaki ba ta zuba kumfa a ƙofarta.

Daga hantsi zuwa azahar muna surfe da jiƙa wake. Da azahar unguwar takan mutu. Kowa ya ja ƙofarsa ya kwanta a kan jiƙaƙƙen buhu, ba ka jin komai sai ƙarar langa-langa tana miƙewa da zafi. Ko ɓarawo ya ratsa lungun a wannan lokaci babu mai ɗaga kai. Da la'asar a farfaɗo, a hura wuta, a fara suyar ƙosai, ni kuma in ɗauki tsintsiya da gwangwani in nufi ƙarshen lungu.

Kwanakin farko har daɗin abin nake ji, don ni da ma akwai iya shege. In share, in yayyafa, in gyara murya: "Iya, ya azumi? Ya ƙafar?" In saurara. "To, Allah ya ƙara sauƙi. A'a, kada ki fito, rana ba ta yi sanyi ba." Wata rana har faɗa nake yi da ita a kan ta ƙi shan magani. Matan lungun suna suya suna ƙunshe dariya.

Ranar sha biyar ga wata na tarar da wani abu a ƙarƙashin ƙofar. Bakin zane ne shuɗi, ya leƙo kamar yatsa uku ta tsakanin ƙofa da ƙasa. Na ce ƙila tun da yana nan ban lura ba. Na yayyafa ruwana, ya jiƙe, na yi gaisuwata na tafi.

Washegari yana nan, amma a bushe, kuma ba a inda na bar shi ba. Na yayyafa. Ina tsaye ina kallo, sai zanen ya fara shigewa ciki a hankali, a hankali, har ya ɓace. Da sauran rana, ga ƙanshin ƙosai, ga muryar mata a bayana, amma sai na ja da baya. Bakina ya riga ya saba, sai na ji na ce, "Iya, ya azumi?" Na saurara kamar kullum. Daga ciki aka karci langa-langa sau uku, ƙar, ƙar, ƙar. Ban tsaya ɗaukar tsintsiyar ba.

Da safe a layin bazan na kasa riƙewa. Na ce wa matan, "Wallahi jiya an amsa mini a ɗakin Iya."

Ashe Mai Jar Hula yana tsaye a bayanmu yana sakace haƙori. Wata maƙwabciyarmu ta ƙifta mini ido ta ɗaga murya. "To da wa zai amsa miki in ba ita ba? Ni ma jiya na ji tarinta."

Na ce, "Ba wasa nake yi ba. Zane na gani yana motsi."

"Ai fa, tana ta kintsa kayan Sallah."

Da ya wuce suka fashe da dariya, suna dukan bayana. Wai ni Rakiya na fi kowa iyawa, har idona ya kawo ruwa. Na rantse, na sake rantsewa, kowace rantsuwa sai ta ƙara musu dariya.

A gida na gaya wa Inna. Ita ba ta yi dariya ba. Ta ce ɗaki cike da gurasa ai gidan ɓeraye ne. Sannan ta rage murya ta ce ko ba ɓera ba, ɗakin da ya kwana biyu babu mutum, kuma a bakin juji, mutanen ɓoye suna sauka a cikinsa.

"Ke mai shayarwa ce. Ki yi bisimilla, ki yi abin da ya kai ki, ki dawo. Kada ki leƙa, kada ki matsa. In suka taɓa miki nono, yaron nan za su taɓa."

Na ce, "Inna, ko a buɗe a duba?"

"A buɗe a gaban wa? Yau a buɗe, gobe Mai Jar Hula ya zo da guduma. Me za mu ce wa Kubura?"

Daga ranar na daina matsawa. Ina tsayawa nesa in watsa ruwan, abin da ya kai ƙofar ya kai. Kullum zanen yana nan yana jira, kullum in ya sami ɗan laima sai ya shige. Gaisuwar ma da gudu nake yin ta, ina magana a kan maganata don kada in bar wurin da za a amsa. Duk da haka wani lokaci ina jin kartar nan tana bina.

Ana shiga goman ƙarshe bazan ya ƙafe ƙaf. Muka koma roƙon rabin garwa a wani masallaci mai nisa. Nonona ya ja baya, yaron ya kama gudawa, ƙurajen zafi suka rufe masa wuya, kukansa ya koma kamar na ɗan kyanwa. Inna ta ce in ajiye azumin, na ƙi, don taurin kaina ba yau ya fara ba. Amma ko a wannan hali ba ta fasa cika gwangwanin nan ba. Rabin garwa, mutum huɗu, ga na ƙofar Kubura a gefe.

Ranar ashirin da ɗaya na ɗauki gwangwanin na fita, na zagaya bayan ɗakinmu, na juye ruwan a wata kwalba na ɓoye a cikin zanena. Na tsoma bakin tsintsiya a ɗan abin da ya rage, na je na share ƙofar Iya daga nesa. Da ruwan na riƙa jiƙa wa yaron baki ina goge masa wuya. Na ce wa kaina ƙasa ba ta fi ɗana ba, kuma in aljanu ne ke sha, su nemi nasu.

A ranar zanen ya fito taƙi guda. Washegari na sake yin haka, na tarar ya fito kamu guda, an turo shi har wajen labule, a shimfiɗe a kan ƙasa busasshiya. Rana ta uku ya fi haka tsawo. A gefensa kuma, daidai bakin ƙofar, akwai wani abu baƙi a yamutse, kamar busasshen dabino. Na gan shi sarai. Na san da abin da ya yi kama, kan yatsa. Na ce wa kaina dabino ne wani yaro ya yar, na kau da kai, na ɗaga murya na ce, "Iya, ya azumi?" Ranar ba a karci komai ba. Na amsa wa kaina, "To madalla," na koma gida na sha ruwa da aka buga igwa.

Da hantsin ashirin da huɗu wayit ya shigo. Unguwar ta rikice, kowa da garwa da tukunya da baho, mata suna guɗa kamar ana biki. Muka cika duk abin da ke riƙe ruwa. Inna ta duba ta ga lungun ya cika da masu kai da kawowa, babu mai lura da wani, sai ta kunce mabuɗin daga bakin zanenta. Ta ce Sallah ta matso, bari mu cika wa Kubura randarta ta dawo ta tarar. Na ɗauki garwa a ka na bi ta.

Ta ɗaga labulen, ta buɗe kwaɗon, ta jawo ƙofar. Hannu ne ya fara faɗowa waje.

Iya Kubura tana kwance a bayan ƙofar, kumatunta a ƙasa, ɗaya bakin shuɗin zanen yana cikin bakinta. Ta bushe ta ƙanƙance har na ɗauka yarinya ce. Inna ta saki salati. Garwar ta suɓuce daga kaina, ruwan ya malale ya bi ta ƙarƙashinta, sai muka ga leɓenta yana motsi yana neman ƙasar da ta jiƙe. Da ranta.

Daga baya muka harhaɗa abin da ya faru, don ita ba ta sake magana ba. Takalmanta suna bayan ɗaki, wajen wata langa-langa da ke ɗagawa, inda takan jawo buhunanta daga juji. Ga alama jikinta ne ya ƙi daɗi a Makka ta dawo, ta iso da azahar lokacin da kowa ya rufe ƙofa, ta ƙi tashin Inna, ta shiga ta baya. A ciki ciwon ya buge ta, ɓarin jikinta ya shanye, baki ya karkace, murya ta tafi. Mun ga jarkar zamzam ɗinta a bushe, randa a kife, buhun gurasa ɗaya a yage. Mun ga sawun jan jiki daga tabarma zuwa ƙofa. Kowace la'asar tana jina a kanta ina tambayarta ya azumi, ina ce mata kada ta fito.

Muka ɗauke ta zuwa ɗakinmu. Asibiti ba ya yiwuwa ga wadda ba ta da takarda, sai wani mutum da ya taɓa aiki a kantin magani aka kira, ya duba ya girgiza kai. Ba ta iya sha da kofi, ruwan zubowa yake yi ta gefen baki. Sai na riƙa tsoma tsumma mai tsabta ina sa mata tana tsotsa. Ni na karɓi wannan aiki, ban bar wa kowa ba. Idonta ɗaya da ke buɗewa sosai ba ya barin fuskata, in na tashi ya bi ni, in na zauna ya dawo.

Mata suka riƙa shigowa dubiya suna sa mini albarka. Suka ce ruwan Rakiya ne ya riƙe ta, ba don yayyafin nan na kullum ba da gawa za a tarar. Inna da kanta ta dafa kaina a gaban mutane. Waɗanda suka yi mini dariya a bazan suka zo suna neman gafarata. Na sunkuyar da kai na karɓa, kwalbar tana nan a bayan randa inda na tura ta.

Ta kai washegarin Sallah. Da safen na tsuguna kusa da ita da tsummana, babu kowa a ɗakin, na ce, "Iya, ya jiki?" Hannunta mai rai ya lallaɓa ya sami gefen kwanon ruwan. Ta karce shi sau uku, ƙar, ƙar, ƙar, tana kallona. Na so in gaya mata, wallahi na so, har na buɗe baki. Ban sani ba ko ta ƙirga kwana ukun nan, ko ta ji sharar busasshiyar tsintsiya ta gane. Kafin azahar ta cika.

Ba a yi sati da binne ta ba Mai Jar Hula ya zuba wasu gardawa uku a ɗakin. Yaron ya warke, ga shi yau har da furfura. Inna ta rasu tana yabona. Da aka rushe Karantina, baban Samira ya ɗauke ni a mota muka bi ta wurin, fili ne fetal, na kasa nuna masa ko inda bazan yake, balle ƙofar da aka yanke masa cibi a kusa da ita. Tun da muka dawo wannan bene na Waziriyya, yaran suna mini tsiya wai ni ce 'yar sandan hawa na uku, don ba na ganin ƙofa a rufe kwana biyu in ƙyale.

Fim ɗin ya ƙare ban sani ba, Samira tana taɓa gwiwata. Na ce ta mayar da shi wajen tsohuwar nan. Ta mayar. Na ce ta tsayar daidai inda ta dafa ƙofar, ta matso mini da ƙasan. Ta ja hoton da yatsu biyu har ya cika talabijin. Tsakanin shuɗiyar ƙofar da farin dokin ƙofa akwai wani ɗan baƙin abu.

Samira ta ce, "Zill, Sitti. Inuwa ce bas."

Na ce, "Ni ma dabino na ce."

Sai na gaya mata duka, har da kwalbar, abin da ban gaya wa Inna ba, ban gaya wa kakanta ba, ban gaya wa ubanta da ya sha ruwan ba. Inda Hausar ta fi ƙarfinta ta tsayar da ni in maimaita. Da na gama ba ta ce Allah ya yafe ba, ba ta ce ba laifina ba ne, kuma na ji daɗin da ba ta faɗa ba. Ta kashe talabijin ta zauna tana kallon hannuwana.

An kusa kiran magariba. Na tashi na cika kofi da ruwan sanyi, na ɗora dabino uku a faranti. Ƙofar da ke kallon tamu ta Ummu Salim ce, wata tsohuwa 'yar Yaman da 'ya'yanta ke Riyad, kuma tun shekaranjiya takalmanta suna zaune yadda suke. Na fita, na ji Samira ta biyo ni ba takalmi.

Na buga. Shiru. Na kira sunanta na sake bugawa, na saurara, wannan karon saurare na gaske. Kafin in ɗaga hannu a karo na uku, sai na ga Samira ta durƙusa da kayan aikinta, ta kwantar da kumatunta a kan tayil tana leƙa ƙarƙashin ƙofar.

Can ciki muka ji tari, muka ji jan ƙafa, muka ji tsohuwar tana mita da Larabci wai wane ne zai ɓalle mata ƙofa da azumi. Samira ba ta tashi daga ƙasa ba sai da ƙofar ta buɗe.